Wa Ya Tono, Wa Ya Ci Suna? Mary Anning da Dodannin Tekun Da

A gaɓar tekun kudancin Ingila, a yankin Dorset, akwai wani ƙaramin gari da ake kira Lyme Regis. Gabas da garin ƙasa ba ta gangara zuwa ruwa a hankali ba, tsaye take kamar katanga, baƙa-baƙa, laka kan dutsen farar ƙasa, dutse kan laka, shimfiɗa bisa shimfiɗa. Katangar ba ta da ƙwari. Idan hunturu ya shigo, wanda a can shi ne lokacin ruwa da iska, lakar takan sha ruwa ta yi laushi, sai wani ɓangare ya zaftaro. Gari na wayewa, abin da ya yi kusan shekara miliyan 200 a binne ya fito fili. Sai dai ba ya daɗewa. Teku tana cikowa sau biyu a kwana guda, kuma in ta janye takan tafi da abin da ta tarar, ko ta farfasa shi ta bar tarkace.

A wannan ɗan tsakani, bayan ƙasa ta zube kafin ruwa ya dawo, Mary Anning ta yi aikinta fiye da shekara 30. Guduma a hannu, kwando a rataye, kare a bayanta. A watan Oktoba na 1833 ƙasa ta zaftaro dab da ita, ta binne karen nata mai suna Tray a kan idonta, ita kuwa da ƙyar ta sha. Ba ta bar sana'ar ba, domin da ita ake cin abinci a gidansu.

Abin da ke sa na koma kan labarinta shi ne wata tambaya da har yau ba ta mutu ba. Idan wani ya gano abu, ya tono shi, ya gyara shi, ya fahimce shi, wani kuma ya saya ya rubuta takarda a kansa ya raɗa masa suna, wane ne a cikinsu ya yi ilimin? A zamanin Mary amsar a fili take wajen manya: mai alƙalami. Ni kuwa ina ganin sun yi kuskure, kuma kuskuren ya wuce rashin adalci ga mace guda. Rashin gane inda ilimi ke farawa ne.

Kafin mu kai can, ya kamata a san abin da ke cikin katangar. A farkon zamanin da masana ke kira Jurasik, wurin da Ingila take a yau teku ce mai ɗumi. Ƙasan wannan teku laka ce mai laushi, kuma sau da yawa iskar shaƙa ta yi ƙaranci a can ƙasa, don haka tsutsotsi da sauran masu cin mushe ba sa iya zama. Dabba in ta mutu ta nutse, sai laka ta rufe ta ba tare da an wargaza ta ba. Nama ya tafi, ƙashi ya saura, ma'adinan ruwa suka riƙa shiga ƙofofin ƙashin har ya koma dutse, nauyin lakar da ta taru a kai kuma ya danne shi ya baje. Shi ya sa ƙwarangwal ɗin Lyme ke fitowa a jere, kai da wuya da haƙarƙari da wutsiya kowanne a mazauninsa, kamar an zana a kan allo.

An haifi Mary ranar 21 ga Mayu, 1799. Mahaifinta Richard kafinta ne, yana haɗawa da tsintar duwatsu masu ban mamaki a gaɓa yana sayar wa baƙi masu zuwa shan iska. Akwai masu naɗe kamar gammo, da mutanen wurin ke ce wa duwatsun maciji, akwai masu tsini kamar harsashi da suke ce wa yatsun shaiɗan. 'Ya'ya 10 aka haifa a gidan, biyu kaɗai suka girma, Mary da yayanta Joseph. Ita kanta sunan wata yayarta aka mayar mata, wadda wuta ta kama tufafinta ta rasu tana shekara 4. Tana wata 15 a duniya tsawa ta faɗa kan bishiyar da wasu mata uku suka fake a ƙarƙashinta, ɗaya tana riƙe da ita. Matan duka suka mutu, jaririyar ta rayu.

A 1810 uban ya rasu, tarin fuka ya haɗu da raunin faɗowa daga kan katangar nan. Ya bar bashin fam 120 da iyalin da sai an taimaka musu daga asusun matalauta. Ya kuma bar musu ido, wato sanin inda ake dubawa da abin da ake nema.

A 1811 Joseph ya ci karo da wani ƙoƙon kai mai tsawon mita 1.2, dogon baki cike da haƙora, ga ramin ido kamar faranti. Mary ta yi ta bin wurin wata da watanni, har a 1812, tana 'yar shekara 13, ta gano sauran jikin, aka ɗauko ma'aikata suka taya ta fito da shi. Tsawonsa duka ya haura mita 5. Mutanen gari suka ce kada ne. Mai filin yankin, Henry Hoste Henley, ya biya iyalin wajen fam 23. Daga hannunsa ya koma gidan nune-nunen William Bullock a Landan, a 1819 kuma aka yi gwanjonsa, Gidan Tarihin Birtaniya ya saya a kan fam 45 da 'yan kai. Wani babban likitan fiɗa, Everard Home, ya fara jero maƙaloli a kansa tun daga 1814. Ya yi ta sauya ra'ayi, yau ya kusanta shi da kifi, gobe da wata dabbar daban. Ko sau ɗaya bai ambaci yaran da suka gano shi ba, har ma aikin sharewa da gyaran da aka yi wa ƙasusuwan ya jingina shi ga ma'aikatan Bullock.

Ba kada ba ne, ba kuma kifi ba. Daga baya aka tsayar masa da suna Ichthyosaurus, wato ƙadangaren kifi a Girkanci. Asalin kakanninsa masu jan ciki ne na tudu, suka koma ruwa, ƙafafu suka zama filafilai, jiki ya zama na kifi, amma huhu bai canza ba, dole ya taso sama ya shaƙi iska. A cikin idonsa akwai zoben ƙashi, kuma a manyan irinsa faɗin idon ya haura santimita 20, abin da ke nuna mafarauci ne a ruwa mai duhu. Ba ya fitowa tudu don yin ƙwai. A Holzmaden ta Jamus an sami uwaye da 'ya'ya a ciki, wata ma ɗan yana kan hanyar fitowa, wutsiya a gaba. Mutane kan haɗa su da dainoso, amma dangi ne daban. Irinsu ya ƙare kimanin shekara miliyan 90 da suka wuce.

Wannan kalmar, ƙarewa, ita ce ta tayar da hankalin zamanin. Da yawa daga mutanen Ingila a lokacin sun ɗauka shekarun duniya ba su wuce 6,000 ba, kuma babu wata halitta da za ta shuɗe gaba ɗaya. In an tono ƙashin da ba a sani ba, sai a ce dabbar tana nan a wani lungu da ba a kai ba tukuna. A 1796 Georges Cuvier na Faris ya nuna da hujjar ƙashi cewa akwai irin giwayen da suka ƙare. Amma dutse bayan dutse da ke fitowa daga Lyme ya nuna abin da ya fi haka girma: an yi wani dogon zamani da masu jan ciki ne ke mulkin teku, kuma babu ɗayansu da ya saura.

Ranar 10 ga Disamba, 1823, Mary ta gano abin da ya fi na farko ban mamaki. Ɗan ƙaramin kai, jiki mai faɗi kamar na kunkuru ba tare da ƙoƙon baya ba, filafilai huɗu, sai wuya dogo kamar maciji. Masana biyu, William Conybeare da Henry De la Beche, sun riga sun yi hasashen dabbar daga guntattakin ƙashi sun kira ta Plesiosaurus, amma ba wanda ya taɓa ganin ta cikakkiya. Gaɓoɓin wuyanta 35 ne. Don a gane nauyin wannan adadi: mutum 7 gare shi, raƙumin dawa da duk tsawon wuyansa 7 ne, ƙadangaru da kadoji ba su kai 10 ba. Da zanen ya isa hannun Cuvier, wanda a lokacin babu na biyunsa a sanin ƙirar jikin dabbobi, sai ya yi shakka. Ya ga kamar an ɗauko kan wata dabba da wuyan wata an liƙa wa jikin wata.

A duba abin da wannan zargi ke nufi ga mace 'yar shekara 24 da ba ta da jari sai amana. Masu sayen burbushin halittu attajirai ne kaɗan da suka san juna. Kalma ɗaya daga bakin Cuvier ta isa ta rufe mata kasuwa har abada. Kuma algus ɗin ba baƙon abu ba ne a harkar. Bayan 'yan shekaru aka gano cewa wasu ƙwarangwal da wani mai tarawa, Thomas Hawkins, ya sayar wa Gidan Tarihin Birtaniya an cike gurabensu da farar ƙasa an shafa launi. Aka bincika na Mary gaɓa bayan gaɓa, aka tarar babu haɗi, Cuvier ya janye. Ranar 20 ga Fabrairu, 1824, Conybeare ya gabatar da dabbar a taron Ƙungiyar Masana Duwatsu ta Landan, a zama guda da William Buckland ya bayyana Megalosaurus, dainoso na farko da aka raɗa wa suna. Mary ba ta cikin ɗakin, ƙungiyar ba ta karɓar mata. Sunanta kuma bai fito a jawabin ba.

Masu kare wannan tsari suna da hujja, kuma ya kamata a ji ta. Sukan ce ai sayarwa ta yi, an biya ta, kaya sun zama na mai saye; tono aikin ƙarfi ne da sa'a, fassara abin da aka tono shi ne ilimi. Da a ce tsintuwa kawai take yi, da maganar ta zauna. Sai mu duba aikin da kyau.

Ƙashi ba ya fitowa fari tas yana kiran mai wucewa. Abin da ake gani ɗan baƙin tabo ne a jikin dutse mai launin toka, ko jerin 'yan da'irori kamar an jera kwabbai a gefe. Daga wannan ɗan abin sai ka san wace gaɓa ce, ta wace dabba, ina kai ya fuskanta, ina wutsiya ta nufa cikin katangar, don ka san inda za ka sara da inda ba za ka taɓa ba. Kuskuren tafin hannu guda ya isa ya raba filafili biyu. Sannan a ciro shi falle-falle kafin ruwa ya ciko, a kai gida, a zauna makonni ana ɓanɓare dutse daga ƙashi da ɗan tsinken ƙarfe, ƙwaya-ƙwaya. A ƙarshe a jera fallayen cikin firam na katako, kowane ƙashi a gurbinsa, a ɗaure da siminti. Wanda bai san ƙirar dabbar a kansa ba ba zai iya ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Karatun Mary na makarantar coci ne ta ranar Lahadi, karatu da rubutu kawai. Sauran ita ta koya wa kanta. Takan aro maƙalolin masana ta kwafe su da hannu har da zane-zanensu, kwafin da wasu suna nan har yau. Takan feɗe kifaye da sauran halittun teku na yanzu don ta gwada cikinsu da abin da take gani a dutse.

Misali biyu sun ishe ni. Akwai wasu duwatsu masu murɗe da ake yawan tsinta a gaɓar, ba wanda ya san asalinsu. Mary ta lura cewa sau da yawa a wurin ciki na ƙwarangwal ɗin Ichthyosaurus ake samun su, kuma in ta fasa su takan ga ƙayar kifi da ɓawonsa. Ta gane kashin dabbobin ne ya zama dutse. Buckland ya wallafa bayanin a 1829, kuma a nan ya yaba mata. Abin kamar ƙarami, amma shi ya buɗe ƙofar sanin wa ke cin wa a tekun da ta ƙafe tun kafin a yi mutum. Na biyu, a 1826 ta fasa burbushin wata halitta dangin masu fesa baƙin ruwa don ɓuya daga maƙiyi, ta tarar da 'yar jaka ɗauke da busasshiyar tawada. Ta gane ta ne domin ta taɓa feɗe irinta mai rai. Ƙawarta Elizabeth Philpot ta jiƙa tawadar da ruwa ta yi zane da ita. Duk wanda ya taɓa dama tawada ya tsoma alƙalami zai ji abin a jikinsa: tawadar da ta kwana kusan shekara miliyan 200 ta sake kama takarda.

Ga kuma sauran: a Disamba 1828 ta gano mai jan ciki mai fuka-fuki na farko da aka samu a wajen Jamus, wanda yanzu ake kira Dimorphodon, a 1829 wani baƙon kifi, Squaloraja, a 1830 wani sabon nau'in mai dogon wuya da aka saya kan fam 210. Sa'a ba ta maimaita kanta haka shekara 20.

Bahaushe ya ce kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. A nan gardin suna ya karɓa. Al'adar gidajen tarihi ita ce a rubuta sunan wanda ya ba da kyautar abu ko wanda aka saya daga tarinsa, ba wanda ya tono ba, shi ya sa har yau masu bincike ke bin tsofaffin wasiƙu don gano waɗanne ƙwarangwal ne suka fito daga hannunta. Abu uku suka tare mata hanya lokaci guda. Mace ce. 'Yar talakawa ce mai cin abinci da hannunta, a zamanin da ilimin duwatsu sha'awa ce ta limaman coci da masu gado. Iyayenta kuma mabiya wata ɗariƙa ce da ke wajen cocin gwamnati, waɗanda jami'o'in Oxford da Cambridge ba sa ba wa digiri. Duk tsawon rayuwarta rubutu ɗaya tak nata ya fito a mujallar kimiyya, guntun wasiƙa a 1839 inda ta yi gyara kan wani burbushin kifi mai suna Hybodus.

Ba daidai ba ne a ce duk mutanen nan mugaye ne. A 1820, da wani tsohon soja mai tarawa, Thomas Birch, ya ga iyalin na shirin sayar da kayan ɗaki don biyan haya, ya yi gwanjon tarinsa a Landan, aka sami kimanin fam 400, don ya tallafa musu. A 1826 Mary ta iya sayen gida mai shago da tagar gilashi. A 1830, da kasuwa ta mutu, De la Beche, wanda suka san juna tun ƙuruciya, ya zana hoton tsohuwar tekun Dorset da dabbobinta suna cin juna, bisa abin da ta gano, aka buga aka sayar aka ba ta kuɗin. Ana ɗaukar sa zane na farko da ya yaɗu mai nuna rayuwar wancan zamani. Da ta yi asarar ajiyarta, wajen fam 300, a 1835, Buckland ya yi fafutuka har aka yanka mata fansho na fam 25 a shekara. Louis Agassiz, masanin kifaye ɗan Suwizalan da ya ziyarce ta a 1834, ya sa sunanta a nau'in kifi biyu. Alheri ne na gaske, kuma ya ciyar da ita. Abin da nake lura da shi kawai shi ne taimako ya fi sauƙin fitowa daga hannunsu a kan kujera a teburinsu. Suna zuwa shagonta su yi tambaya, su bi ta gaɓa cikin taɓo ta nuna musu, har Sarkin Saxony ya zo a 1844 ya sayi ƙwarangwal kan fam 15, amma ƙofar taron ba ta buɗe ba.

Sankarar mama ta yi ajalinta ranar 9 ga Maris, 1847, tana shekara 47, shekara 12 kafin littafin Charles Darwin kan asalin nau'o'in halittu ya fito. De la Beche, yana shugaban Ƙungiyar Masana Duwatsu a lokacin, ya yi mata ta'aziyya a jawabinsa na 1848, abin da ba a saba yi wa wanda ba mamba ba. Ƙungiyar ba ta karɓi mata a matsayin cikakkun mambobi ba sai 1919. Karramawar ta biyo baya a hankali: a 2010 aka sa ta cikin mata 10 na Birtaniya da suka fi tasiri a tarihin kimiyya, a 2015 aka raɗa wa wani nau'i suna Ichthyosaurus anningae, a 2022 aka kafa mutum-mutuminta a Lyme Regis bayan gangamin da wata 'yar makaranta ta yankin Dorset ta fara.

Mai karatu a Sakkwato ko Tawa na iya ɗauka wannan labarin mutanen bakin teku ne. Alhali ƙasar da yake takawa ita ma ƙasan teku ce. Wajen shekara miliyan 70 zuwa 66 da suka wuce, wani reshen teku ya ratso Sahara ta Aljeriya da Mali da Nijar har ya kai Sakkwato. Dabbobin Mary sun girme wannan teku da fiye da shekara miliyan 120; a nan masu mulki su ne mosaso, manyan masu jan ciki na ruwa, dangin damo da guza da maciji. A 1930 W. E. Swinton ya bayyana wasu ƙasusuwa daga lardin Sakkwato da sunan Mosasaurus nigeriensis. A 1972 ayarin Augusto Azzaroli na Jami'ar Florence a Italiya, bayan sun sami ƙoƙon kai a yankin Goronyo, suka ba dabbar suna Goronyosaurus. A 1975 Beverly Halstead ya raɗa wa wani kadan ruwan gishiri suna Sokotosuchus. A 1991 aka raɗa wa wani mosaso suna Igdamanosaurus, daga sunan dutsen Igdaman na Nijar, mai dunƙulallun haƙora na fasa ƙoƙon halittun ruwa. Dutsen farar ƙasa na Kalambaina da ake ƙonawa a yi siminti shi ma a ƙasan teku ya taru, cike yake da katantanwa.

Sunayen garuruwanmu sun shiga littattafan duniya ta dalilin waɗannan ƙasusuwa, amma da wuya ka ji an ambaci Goronyosaurus a ajin makaranta, kuma ƙoƙon kansa yana Florence. Baƙo ba ya sanin kwazazzabo sai ɗan gari ya kai shi. Makiyayi da manomi da mai fasa dutse su ne ke fara ganin abin da ƙasa ta fitar, kuma ɗalibanmu masu karatun duwatsu da ke fita aikin daji ba abin da zai rage musu in sun rubuta a takardar kowane ƙashi sunan wanda ya nuna shi, da ranar, da wurin. A yankin Dange da Wurno da Goronyo, ruwan damina mai ƙarfi yana yi wa bakin kwazazzabai irin abin da teku ke yi wa katangar Lyme: ya zaftare ƙasa yau, ya fito da haƙori ko gaɓar ƙashin baya, ruwan gobe kuma ya tafi da shi.